Hakimin da Ya Nemi a Saɓa Masa

An yi wani hakimi a garin Kwalkwada da ya je taron masana shari'a da mulki a jami'a. Can ya ji wani farfesa ya ce mulkin da ba a yi masa adawa ba mulki ba ne. Yana dawowa ya sa aka yi shela: "Daga yau kowa ya riƙa saɓa mini. Wanda ya yi mini biyayya, sai kurkuku!"

Tasalla mai waina aka fara kawowa fada. Gabanta ya faɗi, don ta lura ko ta saɓa ma, umarninsa ta bi.

Hakimi ya ce, "Ke, saɓa mini yanzun nan!"

Ta durƙusa ta ce, "Ranka ya daɗe, na ƙi."

"Kin ƙi me?"

"Na ƙi saɓa maka."

Hakimi ya sosa ƙeya. "To wannan adawa ce ko biyayya?"

"Ai kai ka je jami'a, ranka ya daɗe."

Ya fusata, ya dubi dogarinsa. "Biyayya ce! Ɗanliti, kama ta!"

Dogari ya taso. Tasalla ta ce, "Sannu Ɗanliti. Kana kama ni ka yi biyayya, sai mu tafi tare. Wanda zai kulle mu kuma, shi ma ya shigo ciki."

Ɗanliti ya koma ya zauna, ya ce, "Allah ya ja zamaninka, ni ma na shiga adawa."

Hakimi ya daka tsawa, "Kowa ya tsaya inda yake!"

Nan take fada ta watse, Tasalla ce a gaba. Liman ko takalmansa bai tsaya ɗauka ba.