Mashaya Ta Biyar

An yi wani mutum a nan Kingston, ya 'yan uwa, ba a zamanin kakanni ba, a wannan zamani namu na waya a hannu. Ba zan faɗi sunansa na gaskiya ba, don danginsa suna raye. Dogo ake ce masa a unguwa, mu ma haka za mu kira shi.

Allah ya ba Dogo baki. In ya soma zuba, mai sauri ma sai ya ja ya tsaya. Da bakin nan yake ci. Wani kamfanin yawon buɗe ido ya ɗauke shi aikin jagora. Duk daren Juma'a da Asabar sai ya kwashi baƙi daga otal, mutum goma sha biyar ko ashirin, ya ɗaura wa kowa jan zare a wuyan hannu don kar wani ya ɓace masa, ya bi da su mashaya huɗu ɗaya bayan ɗaya. Su fara da ta saman bene, su gangara wadda ke bayan garejin kanikawa, su leƙa wata 'yar rumfa a bakin kasuwa, su ƙare a rawar titi inda ake jibge lasifikoki har su fi mutum tsawo. Ko'ina a kora giyar rake, a yi hoto, a yi gaba.

Ban zo in yabi wannan sana'a ba, kun san ra'ayina a kan kwalba. Amma ba kwalba ce ta kayar da Dogo ba.

Wani dare wani baƙo ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Abokina, duk wannan mun gani a waya tun kafin mu hau jirgi. Kai mu inda ba a kai kowa." Dogo ya yi dariya, amma ya kwana da maganar a ransa.

To, Dogo yana da uwa, Mama Adlyn. Duk wanda ya girma a unguwar Rollington Town ya san ta. Shekara arba'in da ɗaya, in an yi mutuwa, dare na tara ya zo, jama'a suka taru a tsakar gidan mamaci don su raka shi da waƙa har tsakar dare, ita ke jan baiti a amsa mata. Ko sisi ba ta karɓa. Burinta ɗaya ne a duniya, kuma ba ta ɓoye shi. Takan ce, "Ni ba gona zan bari ba, ba mota ba. In tawa ta zo, a cika min tsakar gida, a yi min waƙa yadda na yi wa mutane. Shi ke nan."

Dogo ya zauna ya yi tunani. A daren tara akwai soyayyen kifi da wainar rogo. Akwai giyar rake a kan teburin maza, ana buga wasan domino, ana waƙa, ƙofa kuma a buɗe take ga kowa. Ya ce a ransa, ga mashaya ta biyar, ba mai ita a duk garin nan sai ni.

Ya 'yan uwa, wane ne ya raɗa masa wannan shawara? Kun san shi, ba sai na faɗa ba.

Ran farko ya tsaya a ƙofar gidan makoki da mutum goma sha bakwai a bayansa, kowa ya riga ya yi tatil. Ya saukar da murya ya ce wa mai gida, "Mama Adlyn ce ta ce in kawo su. Baƙi ne, ta'aziyya suke son yi." Wa zai kori wanda Mama Adlyn ta aiko? Aka ba su kujeru, aka ba su kifi. Ita kuwa tana ciki tana jan baiti ido a rufe, ta ɗauka dangin mamaci ne suka zo daga Ingila.

A karo na uku ta gane. Da safe ta kira shi.

"Kai, zo nan. Masu jan zaren nan, jiya na gan su gidan mai burodi, makon jiya na gan su gidan direba. Kowane mamaci danginsu ne?"

"Haba Mama, al'adarmu nake nuna wa duniya. Ai talla nake mana."

"Tallan gawa? Ubanka da kwalba ta kashe bai taɓa shiga gidan makoki a buge ba. Kar in ƙara gani, ka ji na gaya maka."

Ta daina faɗa masa inda za ta. Shi ko a jikinsa. Ya je ya shirya da wani mai ba da hayar rumfa da kujeru: duk gidan da ya kai wa kujerun daren tara, ya tura adireshin zuwa wayar kamfani. Kamfani ya ji daɗi, ya sa abin cikin tsarinsa. Baƙi suka ƙaru. Dogo ya sayi takalmi mai tsada, ya canza tafiya. Har gidajen da uwarsa ba ta taka ba yana shiga, kuma da sunanta yake buɗe ƙofa.

Wani abokinsa ya ce masa, "Dogo, ka yi a hankali, hawayen mutane ba abin wasa ba ne." Ya ce, "Ni? Unguwar nan a tafin hannuna take. In rana ta ɓaci, magana biyu zan yi a yi dariya a watse."

Rana kuwa ta ɓaci. Akwai wani tsohon kafinta, Baba Eustace, mutum mai daraja a unguwa. 'Yarsa Marvette ta rasu tana da shekara ashirin da shida, ita kaɗai gare shi. A darenta na tara aka shimfiɗa farin ƙyalle a kan tebur kamar yadda muka saba, aka ɗora fitila da hotonta da farantin kifi da kofin ruwa, ba mai taɓawa sai tsakar dare ta wuce. Dogo ya shigo da ayarinsa. Wata mata daga cikin baƙin ta ɗauke hoton yarinyar daga kan tebur ta rungume tana rawa da shi. Wani ya kai hannu farantin ya yagi kifi. Wani ya tsaya yana ɗaukar komai a waya. Kafin gari ya waye fuskar Baba Eustace tana yawo a duniya, yana kuka, an liƙa 'yar alamar dariya a gefenta.

Washegari tsohon ya zo ƙofar gidan su Dogo da maza shida. Mama Adlyn ta tafi kasuwa. Baba Eustace bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Yaro, tambaya ɗaya na zo da ita. Uwarka ta san da wannan?"

Ya 'yan uwa, ku tsaya nan. Ga ƙofar tuba a buɗe. Da ya ce ni ne, ni kaɗai, da ya sha mari, wataƙila har haƙori ya fita. Haƙori nawa ne? Amma ya dubi hannayen mazan nan, ya shafa wa idonsa toka, ya ce, "Baba, ni ɗan aike ne. Ita ke faɗa min gidajen. Rabonta ma ina ba ta."

Tsohon ya gyaɗa kai, suka juya. Dogo ya koma ɗaki yana yabon dabararsa.

Daga ranar ba wanda ya ƙara kiran Mama Adlyn. A coci in ta zauna sai a matsa. Matan da ta yi wa mazajensu waƙa suka riƙa tsallaka titi in sun hango ta. Da ta ji dalili ba ta zage shi ba. Ta kama hannunsa ta ce, "Ɗana, je ka faɗa musu gaskiya. Ba abin da nake roƙonka sai wannan."

Ya ce, "Zan je, Mama. Bari ƙura ta lafa. Mutanen nan mantuwa gare su."

Bai je ba. Ya dai matsar da sana'arsa zuwa wasu unguwanni inda ba a san fuskarsa ba. Wata bakwai tana roƙo, wata bakwai yana cewa gobe. In an yi daren tara a wani layi, iska ta kawo waƙa, sai ta fito ta zauna a bakin ƙofa ita kaɗai, leɓenta na motsi. Na gan ta haka da idona, kuma na ji kunya, don ni ma ina cikin waɗanda suka yi shiru. Wata safiyar Alhamis ta faɗi a tsakar gida da tsintsiya a hannu. Kafin a kai ta asibiti rai ya yi halinsa.

Sai a lokacin Dogo ya farka. Ya bi gida gida yana kuka yana cewa, "Ƙarya na yi mata. Wallahi ba ta san komai ba. Ku zo darenta, don Allah." Wata mata ta ce masa, "A da ka ce da hannunta, yanzu ka ce babu. Wanne za mu ɗauka?" Baba Eustace ya saurare shi har ya gama, ya rufe ƙofa.

Duk da haka Dogo bai karaya ba, don har yanzu yana ganin babu abin da bakinsa ba zai gyara ba. Ya ɗauki hutu a wurin aiki. Ya sa aka soya kifi kwando biyu. Ya yi hayar rumfa da kujera ɗari. A wurin wa? A wurin mutumin nan dai da ya shirya da shi. Ko kaɗan bai kawo komai a ransa ba. Mai kujeru kuwa ya sauke kayansa, ya ciro waya, ya tura adireshi kamar kullum.

Ina wurin a daren. Ni, da ƙanwar mamaciya Anti Pearline da ta zo daga ƙauye, da wasu tsofaffin mata biyu. Ƙarfe tara ta yi, goma ta wuce. Kifi ya huce. Dogo yana kaiwa yana komowa tsakanin kujeru, yana gyara waɗanda ba wanda ya taɓa.

Wajen sha ɗaya sai muka ji muryoyi da takun ƙafa a layi. Ya yi tsalle. "Anti, sun zo! Na faɗa miki za su zo!" Ya ruga ya wangale ƙofar kwano.

Jan zare ya fara gani. A gaba ga Linval, abokin aikinsa da ke riƙe masa zagayen, wanda bai taɓa zuwa gidansu ba. Linval ya ce, "Dogo? Me kake yi a nan? Ai an ce kana hutu." Kafin ya amsa mutum ashirin sun kwararo tsakar gida. Wannan ya kunna kiɗa a waya, wancan ya nufi kifi. Dogo yana ihu, "Ku fita! Uwata ce! Uwata ce ta mutu!" Suka ɗauka cikin wasan ne, suka tafa masa.

A cikin wannan hargitsi ya ɗaga kai, ya hangi fitila a bakin layi. Baba Eustace ne, da mutum sama da talatin a bayansa, maza da mata, kowa da littafin waƙa a hammata. Daga baya na ji cewa tsohon da kansa ya bi gidaje da yamma yana cewa, "Ko me ya faru, matar nan ta yi wa uwata waƙa, ta yi wa matata. Ku tashi mu je."

Suka tsaya. Suka dubi masu rawa a ƙarƙashin rumfa, suka dubi wayoyin da aka ɗaga. Baba Eustace ya dubi Dogo ya ce, "Har ita ma ka sayar?"

Ya juya, jama'a suka juya tare da shi. Dogo ya bi su ba takalmi, ya durƙusa a tsakiyar titi yana rantsuwa cewa bai sani ba. Wannan karon gaskiya yake faɗa, amma ba wanda ya waiwayo.

Linval ya kwashe baƙinsa da ƙyar. Tsakar dare ta same mu mu biyar. Na ja baiti da wannan busasshiyar muryar tawa, tsofaffi uku suka amsa. Haka aka raka matar da ta raka ɗaruruwan mutane.

Dogo bai koma aiki ba. Ya bar unguwa kafin wata ya zagayo. Yana nan da rai. In ka bi ta garejin kanikawan nan da yamma za ka gan shi a jingine da bango, ya rame, yana jiran wanda zai saya masa kwalba. Na je masa sau biyu. Da ya hango ni sai ya tashi ya shige lungu.

Ya 'yan uwa, me ya hallaka mutumin nan? Abu uku ne, kuma ba ɗaya da ya fi ƙarfin kowa a cikinmu. Ya mai da baƙin cikin maƙwabcinsa hajar sayarwa. Ya tsere wa marin da ya cancanta, ya jefa sunan mahaifiyarsa a cikin laka. Sannan aka ba shi wata bakwai cur ya gyara, ya ce gobe. Na ukun nan shi ya fi ba ni tsoro, don shi ne namu.

Ban ce a cikinku akwai mai kai mashaya gidan makoki ba. Amma wa ya taɓa tura hoton masifar wani a waya don a yi dariya? Wa ya taɓa ɗora wa wani laifin da shi ya aikata, ya ce zan gyara in an huce? Akwai wanda ke zaune a nan yau da irin wannan magana a wuyansa, kuma wanda ya zalunta yana raye, yana iya ji. Kada ka jira Lahadi mai zuwa. In an tashi daga nan, kafin ka ci abinci, ka je ka ƙwanƙwasa ƙofar nan ka ce ni ne.

Allah ya kiyaye mu da cin amanar iyaye da ta maƙwabta. Allah ya kiyaye bakunanmu daga ƙaryar da ba ta janyuwa. Ya ba mu ikon tuba tun waɗanda muka ɓata wa suna da rai. Ya ji ƙan Mama Adlyn, shi kuma ɗanta ya shirye shi. Amin.