Jatau da Tulun Aika wa Jiya

Ga ta nan, ga ta nanku, kowa ya gyara zama.

Ta zo mu ji ta, mun kasa kunne.

Wai a wani gari can bayan duwatsu an yi wata tsohuwa mai ginin tukwane, ana ce mata Iya Tasalla. Tulunanta ba na ɗiban ruwa ba ne. In ka kafa baki a ciki ka yi magana, sai maganar ta je jiya, ta fito ta bakin randar gidan wanda ka nufa. In ya amsa, za ka ji. Amma kowane tulu aike ɗaya yake yi, sai ya tsage. Kuma ba ya wuce jiya. In rana ta faɗi, jiya ta koma shekaranjiya, to magana ta ƙare.

A garin akwai wani manomi, Jatau, mai taurin kai kamar ƙwallon goriba. In ka ce masa gabas, yamma zai yi.

Ran nan bayan girbi, ciyawa ta bushe kewaye da rumbunsa. Sai ya ɗauko garwashi zai ƙone ta. Matarsa Dela ta ce, "Malam, iska ake yi. Kada ka sa wutar nan."

Ya ce, "Ke za ki koya mini aikina?"

Sai ya sa. Sai iska ta kwashi wuta ta ɗora wa rumbu. Kafin maƙwabta su kawo ruwa, geron shekara guda ya zama toka.

Washegari Dela ta tasa shi gaba sai gidan Iya Tasalla. Tsohuwa ta ce, "Tulu uku suka rage mini. Ungo ɗaya. Ka yi magana da hankali, ɗan nan, ka san da wa za ka yi ta."

Jatau ya ce, "Da kaina fa zan yi magana, Iya. Wa ya fi ni sanin kaina?"

Sai ya kafa baki ya ce, "Kai Jatau! Ni ne kai na gobe. Ajiye garwashin nan!"

Sai aka ji murya daga cikin tulu. "Wane ne wannan yake ba ni umarni a gidana?"

"Na ce maka ni ne kai!"

"To in kai ne ni, ai ka san ba a sa ni, ba a hana ni. Har ciyawar bayan akurki zan haɗa."

Sai tulu ya yi ƙas, ya tsage. Ba a jima ba sai ga wata maƙwabciya ta leƙo tana cewa, "Dela, sannu da asarar kaji."

Dela ta ce, "Waɗanne kaji? Da safen nan na zuba musu dusa."

Maƙwabciya ta ce, "Ikon Allah! Ai jiya suka gasu tare da rumbu. Duk unguwa ta ji ƙamshi."

Jatau ya fusata. Ya fizgi tulu na biyu. Iya Tasalla ta ce, "Lallashe shi."

Ya ce, "In lallashi wannan? Mutumin da ya cinye mini gero da kaji?" Sai ya kafa baki ya ce, "Kai sakarai, mai kan jaki! Duk garin nan babu wawa irinka!"

Murya ta ce, "Ni kake zagi? Fito nan in kai namiji ne!"

"Da zan iya fitowa da ka sha mari!"

"To zauna nan ka gani. Wuri uku zan kunna ta, kuma zan tsaya a tsakiya!"

Tulu ya yi ƙas. Sai Jatau ya ji haɓarsa ta yi sanyi. Ya shafa, babu gemu. Ya duba jikinsa, rigar ta koma rabi. Maƙwabciya ta sake leƙowa ta ce, "Af, na manta ban yi muku jajen ɗaki ba. Ina kuka kwana?"

Iya Tasalla ta yi dariya har ta riƙe ciki. Dela kuwa ba ta yi ba, don rana ta yi yamma, ga tulu ɗaya tak, ɗan ƙarami. Jatau ya miƙa hannu. Sai ta riga shi ta rungume tulun.

Ta ce, "Malam, in ka ƙara magana ɗaya, ni ma ba za ka same ni ba."

Sai ta kafa baki, ta sassauta murya ta ce, "Malam, Dela ce ta gobe. Maza ka sa wa ciyawar nan wuta yanzu-yanzu. Ni na ce ka sa. Kada ka kuskura ka cire ta da hannu."

Can sai murya ta ce, "Au! Ta yau ta ce kada in sa, ta gobe ta ce in sa. To ba zan sa ba, kuma ba don ta yau ta faɗa ba. Da hannuna zan tuge ta, ɗaya bayan ɗaya, in ga mai hana ni!"

Tulu ya yi ƙas. Nan take Jatau ya dafe ƙugu ya ce, "Wayyo bayana!" Tafin hannunsa duk ya yi kanta. Amma gemu ya dawo, riga ta cika.

Suka ruga gida. Ga ɗaki a tsaye, ga kaji suna tono, ga rumbu cike da gero har baki. Jatau ya zagaya shi yana ɗingishi, yana shafa gemu. Ya ce, "Kin gani ko, Dela? Da na bi shawararki na sa wuta, da yanzu mun shiga uku."

Dela ta ce, "Gaskiyarka, Malam. Allah ya ƙara basira." Ta leƙa madafi ta ga babu ko tsinke. Sai ta ce, "Ka kwanta ka huta bayanka. Kada ka kuskura ka je mini itace."

Jatau ya ce, "Ke za ki kwantar da ni?" Sai ya saɓi gatari ya nufi daji a duƙe.

Ƙurunƙus kan kusu, ta tafi ta bar mu nan. Ku dai ku riƙe wannan: wanda bai ji bari ba, zai ji hoho, ko da daga bakinsa barin ya fito.