Cindo da Mutanen Hayin Rafi

A zamanin da fatake ke taka ƙasa zuwa kudu neman goro, an yi wani maharbi da ake kira Cindo. Shi ke shiga gaban ayari idan an kai kurmi, inda itatuwa suka haɗe kai har rana ba ta taɓa ƙasa. Kirarinsa ke nan: Cindo ɗan baka, giwa ta ji warinka ta sake hanya.

Wata shekara agana ta kama shi a tsakiyar tafiya. Madugu Barau ya ga in an ɗauke shi ayari duka zai kamu, sai ya sa aka shimfiɗe shi kusa da wani falalen dutse a bakin rafi, aka bar masa kantun gishiri da goran ruwa. Ban ga laifin Barau ba, amma kuma ban yaba masa ba.

Kwana uku Cindo yana jiran ajali. Ran na huɗu ya buɗe ido ya ga zuma cikin ganye bisa dutsen, da gasasshiyar doya. A cikin laka ga sawun ƙafa ya ƙetare rafi. Haka aka yi ta yi har ya miƙe. Ya riƙa gutsuro gishiri yana ajiyewa, ana ɗaukewa, amma ko inuwar mai ɗauka bai taɓa gani ba.

Masu ciyar da shi mutane ne da ke cikin kurmin tun kafin a fasa hanya, ba su san sarki ba, ba su san kasuwa ba. Wani lokaci iska kan kawo masa waƙarsu daga nesa, sai kewa ta ci shi kamar gara. Yakan tsaya bakin ruwa ya ce, "Ku fito mana, bayin Allah, ko mutum ɗaya!" Rafi kaɗai ke amsa masa.

Da shekara ta zagayo ayari ya dawo, da masu kamun bayi a cikinsa. Da ganin Cindo, Barau ya ja da baya.

"Cindo, kai ne ko fatalwarka? Wa ya ciyar da kai?"

"Iskokin daji, Madugu."

"Yaushe iskoki suka koyi gasa doya? Dafa kibiyarka ka rantse ba ka ga ɗan Adam a hayin can ba."

Kowa ya san maharbin da ya rantse da ƙarfe kan ƙarya, ƙarfen ne ajalinsa. Cindo ya dafa ya rantse, gaskiya kuwa ya faɗa. Masu kamun bayi suka naɗe igiyoyinsu.

"To tashi mu tafi gida," in ji Barau. "Tsohuwarka tana nan da rai."

Cindo ya san in ya tafi, ayari na gaba zai bi sawun nan ya kama mutanen. Ya sunkuyar da kai ya ce, "A gaishe ta. A ce ƙafata ba ta kai ba."

Daga nan duk ayarin da ya sauka sai ya rantsar da shi, shi kuma ya rantse.

A shekara ta tara, wata safiya, ya ji ganye na motsi, ya ji ƙafafu da yawa suna shigowa ruwa. Sun fito. Abin da ya shekara tara yana roƙo ga shi nan, taku goma ne tsakaninsu. Amma in ya gan su, da wane baki zai sake rantsuwa? Ya juya wa rafi baya, hawaye na bin zanen agana a fuskarsa. Wani hannu mai kaushi ya sauka a kafaɗarsa, ya daɗe a nan, sannan ya ɗaga. Ya saurara har ƙarar ruwa ta lafa.

Ranar ya toshe ƙofar bukkarsa da ke kallon rafi, ya fasa wata ta arewa. Fataken da tafiya ta gajiyar suka zauna kusa da shi, suka yi gini yadda ya yi. A nan ya tsufa, a nan aka binne shi.

Garin shi ne Zangon Cindo. Har yau babu ƙofar ɗakin da ke kallon rafi, mai ɗiban ruwa kuma ba ya ɗaga kai. In baƙo ya tambaya ko mutanen suna nan, dattawa kan ce, "Mu dai ba mu gani ba."