Lasau da Rijiyar Tune

A zamanin da ba a fara kewaye garuruwa da ganuwa ba, an yi wani maharbi mai suna Cindo, wanda 'yan'uwansa maharba suke yi wa kirari da "Mai yatsa shida, na Dela gagara-daji, kibiyarka ba ta kwana da yunwa." Dela yayarsa ce, ita ta goye shi. Matarsa ta rasu da jimawa, ta bar masa 'ya ɗaya tilo, Tune.

Aka yi fari shekara uku a jere. Rijiyoyi suka ƙafe, har gida arba'in suka ɗaure kayansu suka bi Cindo kudu neman ruwa. A rana ta goma sha tara da tafiya, Tune ta cika a kafaɗarsa saboda ƙishi, tana da shekara bakwai. Ya yi tafiya mai nisa yana yi mata hira kafin ya gane. Aka binne ta a gindin wata aduwa. Tun daga ranar hawaye bai bar fuskarsa ba, kuma bai ɓoye wa kowa ba, duk da kirarin nan nasa.

Bayan kwana shida suka iso wani kwari tsakanin duwatsu biyu. Farin hazo mai sanyi ya cika shi, irin mai jiƙa riga, ko da rana tsaka ba ya washewa. Mutane suka yi ta murna, suka haƙa rami bakwai. Ko laima ba su tarar ba. Yara suka koma lasar ganye, uku daga cikinsu ba sa ma iya ɗaga kai.

Cindo ya san inda suka zo, domin tsofaffin maharba sun ba shi labari. A cikin hazon nan akwai wata halitta da ake kira Lasau. Tsayinta ya kai na raƙumi, jikinta kamar jiƙaƙƙiyar auduga, ba ta barin sawu. Duk inda ta durƙusa ruwa yake ɓullowa, amma ba ta durƙusawa sai ta ƙoshi, kuma ba ta cin komai sai baƙin cikin ɗan Adam. Abin da ta lashe kuwa ya tafi ke nan.

Da ya tashi zai shiga neman Lasau, Dela ta tare shi a bakin kwarin. Ta ce, "Cindo, a cikinmu akwai masu baƙin ciki da yawa. Bari wani ya je."

Ya ce, "Nasu ba zai ƙosar da ita ba, Yaya."

Ta ce, "Ba ka da zanen Tune, ba ka da ko munduwarta. Wannan kukan shi kaɗai ya rage maka nata."

Bai musa ba, domin gaskiya ta faɗa. Ya miƙa mata baka da kwari, ya shiga hannu sake.

Ya yi ta tafiya har ya daina ganin ƙafafunsa. Sai ya zauna, ya kira sunan Tune, ya tuna nauyinta a kafaɗarsa da yadda take jan kunnensa in tana son ya tsaya. Ya yi kukan da bai taɓa yin irinsa ba. Can sai hazon da ke gabansa ya yi kauri, ya yi wuya, ya yi kai. Lasau ta sunkuyo, ta sa harshe mai sanyi ta lashi kuncinsa na dama, ta lashi na hagu. Ya ji ƙirjinsa yana yin sakayau. Ya so ya riƙe ko kaɗan ne, amma bai san ta inda ake riƙewa ba. Da ta gama, ta durƙusa, ruwa ya taso har idon sawunsa.

Ya fito ya ce wa jama'a, "Ku kawo tuluna." Iyakar abin da ya ce ke nan.

Yaran nan uku suka rayu. Aka kafa gari, aka ɗora Cindo a kansa shekara talatin. Masu ba da tarihi suna yabon adalcinsa, wai bai taɓa yin hukunci cikin fushi ba. Ni dai ban ga abin yabo ba, mutumin ba shi da fushin da zai yi ne. Bai manta komai ba. In aka tambaye shi, zai faɗi shekarun Tune da ranar da ta mutu, kamar mai faɗin kwanan wata. Farauta ta sha bi da shi ta gindin aduwar nan, ya tsinki 'ya'yanta ya wuce.

Da ajalinsa ya matso, Dela, wadda tsufa ya riga ya lanƙwasa, tana zaune kusa da shi. Ya daɗe yana kallon rufin ɗaki, sannan ya ce, "Yaya, yarinyar nan, na so ta kuwa?"

Dela ta miƙe. Ta fita da sandarta har bakin ruwan, ta zauna ta yi kukan da ƙanenta ya kasa yi.

Garin yana nan, ana kiransa Rijiyar Tune, hazon ma yana nan. Kowace shekara, ranar da aka sami ruwan, ba a kiɗa, ba a biki. Matan garin ne suke taruwa a bakin rijiyar da safe, su juya wa hazon baya don kada a lashe musu hawayen, su yi wa wata yarinya da ba su taɓa gani ba kuka, a madadin ubanta.