Tabawa da Dutsen da Ya Tare Hadari

Ga ta nan, ga ta nanku, ku matso ku daina surutu.

Ta zo mu ji ta.

Wani gari ne a bayan wani dogon dutse. Dutsen ya miƙe daga gabas har yamma, ba wanda ya taɓa ganin ƙarshensa. Ta gabansa, wato ta kudu, ruwan sama har sai an gaji da shi, ciyawa har ƙugu, rafuka ba sa ƙafewa. Ta bayansa kuwa, inda garin nan yake, sai ƙaya da tsakuwa da tumfafiya. Da can akan sami ɗan yayyafin da zai raya gero. Amma shekara uku a jere, ko wannan ma ya ɗauke.

Abin haushin, hadari bai taɓa fashin zuwa ba. Kullum da la'asar sai a hango shi ya haɗo baƙi ƙirin can ƙetaren dutsen, ana cida, ana walƙiya. Sai mata su fito da tukwane da ƙore su jera a tsakar gida. Sai a jira. Sai wata iska mai zafi ta gangaro, ta ƙone 'yar shukar da ta tsiro, ta wuce abinta. Sai kowa ta kwashe kayanta ta mayar ɗaki.

A garin akwai wata tsohuwa mai kiwon awaki, sunanta Tabawa. Mijinta ya daɗe da rasuwa, 'ya'yanta suna aure a nesa. Awakin sun rame har iska tana rangaji da su, rijiyar gari kuma ta koma laka. Ita ce ta fara daina fitar da tukunya. Ta ce ita ta tsufa da wannan wasan.

Rannan sai ga Dila ya shigo gari. Ya faɗi gaban Mai gari Shekarau ya yi gaisuwa. Ya ce shi ɗan daji ne, ya san abin da ke hana hadari ƙetarowa: in ya hau dutse barci ke kwashe shi, sai an tashe shi da kiɗa. Ladansa kuwa kaza kawai. Sai aka ba shi kaza. Sai aka yi ta dukan ganguna tun safe har hannuwan makaɗa suka kumbura. Hadari ya haɗo, ya yi cida, ya watse.

Sai Dila ya dawo yana lashe baki. Ya ce ai hadarin ya farka, hanya ce bai sani ba, a yi masa hayaƙi ya gane inda gari yake. Sai aka ba shi wata kazar. Sai maza suka bi 'yan itatuwan da suka rage da gatari. Tabawa ta tsaya gaban aduwar da awakinta ke shan inuwa, ta ce kada a taɓa, aka janye ta gefe aka sare. Aka cinna wuta. Garin ya kwana biyu yana tari. Hadari ya haɗo, ya yi cida, ya watse.

Sai Dila ya sake dawowa. Ya ce yanzu ya gano gaskiyar magana, dutsen ne ya tare hanya, a tufka igiya a ja shi gefe. Sai aka ba shi kaza ta uku. Maza suka yi kwana huɗu suna tufkar kaba. Aka ɗaura a wani ƙahon dutse, Mai gari ya kama a baya, aka ja, aka ja, aka ja. Sai igiya ta tsinke. Mai gari ya faɗi rigingine cikin ƙarangiya. Aka waiga, babu Dila, babu labarinsa.

Ana cire wa Mai gari ƙarangiya a baya, sai Tabawa ta zo ta tsaya.

Ta ce, "Ranka ya daɗe, kaji sun tafi, itace ya tafi, ga bayanka yadda ya koma. Duk mazan nan babu wanda zai hau ya tambayi hadarin me ya hana shi zuwa?"

Mai gari ya ce ba a taɓa yin haka ba tun kakanni. Ya ce shi ya riga ya yanke, nan da kwana bakwai kowa ya ɗaure kayansa, za a bar garin. Tabawa ta dubi awakinta. Ko zango ɗaya ba za su kai ba, ita kuma ba ta ga wanda zai raba ta da su ba. Sai ta yi tsaki, ta ɗauki sandarta da goranta. Da sassafe ta kama hawa.

Ta yi nisa sai ta tarar da Ƙadangare yana shan hantsi. Ta tambaye shi ko nan ce hanyar da Hadari ke bi, ya gyaɗa kai. Ta tambaye shi ko waccan ce, ya gyaɗa kai. Ta tambaye shi ko shi mahaukaci ne, ya gyaɗa kai. Sai ta wuce tana mita.

Ta ƙara hawa sai ta tarar da Rema, 'yar dabbar nan ta cikin duwatsu, ta yi ƙiba sumul, tana zaune a bakin kogonta. Tabawa ta tambaye ta inda Hadari yake. Rema ta ce ta hau har ƙoli, can za ta same shi da la'asar. Tabawa ta ga ƙibar nan, abin ya ba ta haushi, ta kama hanyarta.

Tana hawa iska tana ƙara sanyi. Kafin ta kai ƙoli haƙoranta suna haɗuwa. Ta leƙa ɗaya gefen, sai ta ga ƙasa kore shar har iyakar gani. Can ƙasa ga Hadari yana hawowa, ƙato, baƙi, yana nishi, ruwa yana zuba daga jikinsa kamar an huda salka. Yana hawa yana ramewa. Yana hawa yana yin fari. Da ya iso inda take, ya koma kamar 'yar auduga.

Ta ce, "Kai ne Hadari? Shekara uku ana jera maka tukwane kana yi wa mutane cida. In ba za ka zo ba, me ya sa kake kira?"

Hadari ya ce, "Iya, ki bari in numfasa. Ba kira nake ba, nishi nake."

Sai ya gaya mata yadda abin yake. Daga teku yake ɗauko ruwa, iska tana tura shi arewa. In ya iso nan sai ya tarar da dutse a gaba, dole ya hau. In ya hau sanyi ya kama shi, sanyin kuwa matse shi yake yi kamar yadda ake matse wanki. Kafin ya kai ƙoli duk kayan ya zube a baya. Iskar da ta rako shi kuma in ta gangara wancan gefen sai ta ɗumama, ta bushe, ta shanye ko raɓar da ta tarar. A shekarun da iskar take da ƙarfi akan sami ɗan saura ya ƙetara. A shekarun nan kuwa da ƙyar take kawo shi nan ɗin ma.

Tabawa ta ce to ya zagaya mana. Ya ce ta nuna masa ƙarshen dutsen. Ta ce to ya ɗauko da yawa. Ya ce in ya yi nauyi tun daga ƙasa yake fara zuba, 'yan kudu ne za su ƙara samu. Ta ce to ya daure ya riƙe har ya ƙetare. Ya ce ita ma ta daure ta hana haƙoranta haɗuwa ya gani.

Nan haƙurinta ya ƙare. Ta ɗaga sanda ta kai wa dutsen duka, ta ƙara, ta ƙara. Sai ta ji ƙasa ta motsa kaɗan, wata murya ta fito a hankali.

Dutse ya ce, "Iya, ki rage wa hannunki wahala. Ina nan tun kafin a haifi wanda ya kafa garinku. Amma ke kina tsammani duk ruwan da ake zuba mini a ka kudu yake komawa? Wani yana bin tsagogi ya shige cikina, ya gangara ta gefenku, ya tsaya a gindina. Rema ta san wurin."

Tabawa ta ce, "Shekara uku kana kallonmu, ba ka faɗa ba?"

Ya ce, "Wa ya tambaye ni? Kiɗa kuka yi mini, kuka turnuƙe ni da hayaƙi, kuka ɗaura mini igiya. Ke ce ta fara yi mini magana, ke ma da sanda."

Sai ta juyo ba ko sallama. Ta sami Rema inda ta bar ta, ta ce don me ba ta gaya mata akwai ruwa ba. Rema ta ce ai Hadari aka tambaye ta, ba ruwa ba. Tabawa ta haɗiye abin da ya zo mata baki, ta ce to yanzu ta tambaya. Sai Rema ta shige gaba. Suka bi wata tsaga, suka gangara har gindin dutse, bayan wasu manyan duwatsu inda gatari bai kai ba. Ga wani ɓaure nan tsaye, ganyensa kore shar, a wurin da komai ya bushe. Rema ta ce ita ta wani ɗan rami take shiga ta sha, amma mutum sai ya haƙa.

Tabawa ta koma gari ta faɗa. Kowa yana ɗaurin kaya, ba wanda ya ɗaga kai. Wasu suka ce sanyin sama ne ya taɓa ta. Sai ta ɗauki fartanya da ƙwarya ta koma ita kaɗai. Ranar farko tsakuwa ta yi ta kwasa. Rana ta biyu ta tarar da yashi mai sanyi. Rana ta uku ta ga laka, ta zauna ta zuba ido, sai ga ruwa yana tsattsafowa, garau, har ya rufe mata idon sawu. Ba ta kira kowa ba. Awakinta ta koro suka sha, suka koma gari gemu a jiƙe. Mata ne suka fara lura da gemun. Kafin azahar duk garin yana gindin ɓaure.

Mai gari ya sa aka kwance kaya. Aka faɗaɗa ramin aka ɗaure bakinsa da duwatsu. Aka bi gindin dutsen, duk inda aka ga itace kore aka haƙa, aka sami wasu idanun ruwa biyu. Tabawa ta sa aka jera duwatsu a gicciye cikin gonaki don ɗan yayyafin da ya ƙetaro ya tsaya ya nutse, aka shuka gero mai saurin nuna da wake. Ba a yi arzikin 'yan kudu ba, amma ba a tashi ba.

Ba a yi wata guda ba, ana layi a bakin ruwa, sai wani mutum mai suna Barau ya fara ƙorafi. Ya ce wannan wane irin ruwa ne da sai an jira shi ya taru, mutanen kudu nasu daga sama yake zubo musu suna zaune. Tabawa ta ajiye tulunta, ta nuna masa hanyar da ta hau.

Ta ce, "Ga hanya nan, Barau. Da la'asar yake isowa. Ka tafi da bargo."

Barau ya ɗaga kai ya dubi ƙolin dutsen. Sai ya gyara tsayuwa a layi.

To, kun ji. Kafin ku yi faɗa da wurin da kuke zaune, ku fara sanin halinsa. In kuma za ku yi tambaya, ku tambayi abin da kuke buƙata.

Ƙurunƙus. Mai jin ƙishi ya tashi, randa tana nan.