Ƙwarya Biyu ta Iya Tasalla

An yi wani sarki a Birnin Gawasa mai suna Zakiru, a wata ƙasa da lokaci ba ya tafiya daidai: wata rana hantsi ya daɗe har kaji su gaji da kiwo, wata rana kuma azahar ta riski mace tana wanke-wanken safe. Saboda haka ya gina hasumiya mai hawa bakwai, ya zuba malamai a ciki ƙarƙashin Malam Zailani, ya ba su tulunan tagulla masu ɗigar ruwa da sandunan auna inuwa, aikinsu kawai su rubuta duk inda zamani ya yi tuntuɓe.

Ana nan sai mahaifiyar sarki ta kwanta ciwo, aka tashi wani manzo, Barmo, ya karɓo magani a bayan duwatsu. Don sauri ya bar hanyar fatake ya ratsa Kwarin Jinkiri, inda gajimare ba ya barin a ga rana. Bai dawo ba sai bayan kwana arba'in, an daɗe da binne tsohuwa, shi kuwa yana rantsuwa barci uku kaɗai ya yi, guzurinsa ma bai ƙare ba. Malaman hasumiya suka duba littattafai, suka ce ba su taɓa rubuta komai game da kwarin ba, abin da ba su rubuta ba kuwa bai auku ba. Alƙali ya yanke wa Barmo hukuncin kisa bisa ha'inci.

To, Barmo yana da uwa, Iya Tasalla mai daddawa, kuma ku masu karatu kun san zuciyar uwa ba ta zama wuri ɗaya. Da ta je kurkuku ta kama hannunsa, sai ta tsaya cak. Ran da zai tafi shi ya sauke mata tukunyar kalwa, tururi ya ƙone shi a bayan hannu, ga bororon nan har yanzu bai ko fashe ba.

Ta nufi fada, ta durƙusa ta faɗi abin da ta gani. Waziri Ishiyaku ya ce ƙuna ai ana iya sake ta jiya. Sarki kuwa, baƙin ciki na jan sa gefe, tsoron zalunci na jan sa wani gefen, sai ya ce, "Ku kawo mini ma'aunin da za a ɗauka a kan doki, wanda ba ya buƙatar rana, ba ya kuma jin lallashin mai ɗauke da shi. In babu, hukunci ya tabbata."

Malam Zailani ya amsa cikin ladabi cewa tulu zai zube a hanya, sanda sai da inuwa, agogon yashi kuma sai an juya shi, mai juyawa kuwa ɗan Adam ne.

Iya Tasalla ta ce, "Allah ya ba ka nasara, ni ban yi karatu ba, amma shekara talatin ina rufe kalwa, ba ta taɓa yi mini ƙarya ba. Kwana uku take nuna, ba ta sauri don sarki, ba ta jinkiri don talaka."

Waziri ya ce, "Iya, nan fada ce, ba rumfar kayan miya ba."

Ta ce, "Ranka ya daɗe, miyar da ka sha jiya ma da ita aka kaɗa."

Sai ta roƙi a bar ta ta dafa tukunya ɗaya a raba ƙwarya biyu, a rufe da ganye, sarki ya buga hatiminsa. Ɗaya ta zauna a hasumiya, ɗaya ta bi sawun Barmo ta dawo. Sarki ya yarda, ya ce tunda waziri ya fi kowa shakka, shi zai ɗauka, kuma in ya dawo cikin kwana uku na birni, a zartar da hukunci.

Ran na uku Iya Tasalla ta wuni a ƙofar gari tana roƙon Allah kada ta hangi doki. Haka ta yi ta zuwa kullum, ga rama ga rashin ci, amma da maƙwabta suka zo ba ta haƙuri sai ta ce su adana haƙurinsu, ita ta san kalwarta.

Ran na arba'in waziri ya iso, yana mamakin geron da ya bari a idon sawu ya fitar da kai. Aka karya hatimi a gaban jama'a. Kalwar hasumiya ta bushe ta yi baƙi, tsutsa ta gama da ita. Ta waziri kuwa da ɗuminta, tana yauƙi, warinta ya cika fada har fadawa suka toshe hanci. Iya Tasalla ta shaƙa ta ce yau ne ranar kirɓa ta.

Waziri ya durƙusa ya shaida barci uku ya yi, ya nemi gafararta. Sarki ya sa aka kwance Barmo, ya roƙe shi afuwa a bainar jama'a, ya ba uwarsa ɗakin ƙasa na hasumiya da murhu da alkyabba, ya kuma umarci malamai su riƙa saukowa suna bin kwari da tudu, kowa da ƙwaryarsa, su rubuta abin da suka tarar. Malam Zailani da kansa ya zauna ya koyi rufe kalwa, tana gyara masa hannu.

Daga nan sarki ya sa aka rubuta a ƙofar hasumiya: mai mulki kada ya yanke wa mutum hukunci da ranakun da ya ƙirga a zaune, sai ya aika an taka hanyar da mutumin ya taka.