Jaki da Ɗaga Murya

Dalilin da ya sa kukan jaki yake fita kashi biyu, wani siriri wani kakkaura, kamar mutum biyu na faɗa a maƙogwaro ɗaya, shi zan gaya muku, kuma kada wanda ya katse ni.

A da muryar Jaki guda ce, mai laushi, har dabbobin fadama suka naɗa shi mai shela. Sai dai mazauna tsallaken rafi ba sa jin sa. Rannan Raƙumi, shugabansu, ya ce masa gobe da hantsi zai yi shelar sabuwar rijiya, in 'yan tsallake ba su ji ba, a bakin aikinsa.

"Ka ɗaga murya, Malam Jaki. Shi ke nan."

To, ɗagawar nan ce ta rikita shi. A ɗaga ta zuwa ina?

Ya tambayi Gyare. Gyare ya ce ɗagawa ita ce sirantawa, a kaɗa iska da sauri-sauri har muryar ta haura ta huda kunne. Ya tambayi Bijimi. Bijimi ya yi tsaki, ya ce saurin banza ke nan, a tura iskar da ƙarfi ta yi nisa gaba da baya kamar lilon da aka cilla, ko da a hankali ne.

Jaki ya haɗa su wuri ɗaya. Gyare ya ce in faɗin kaɗawa ɗaya ne, mai sauri ta fi ƙarfi. Bijimi ya ce in saurin ɗaya ne, mai faɗi ta fi. Kowa gaskiyarsa ya faɗa, amma kan Jaki ya ƙara ɗaurewa.

"Yaya Bijimi, don Allah, sama zan yi ko gaba?"

Su biyun suka ce, "E."

Da hantsi ya hau kan suri. Ya ja numfashi, ya tuna Gyare, muryar ta tsuke. Ya saki, ya tuna Bijimi, ta fashe. Ya sake ja, ya sake saki. 'Yan tsallake sun ji kam, har kaji suka watse, amma ko kalmar rijiya ba ta fito ba. Aikowa suka yi a tambaya wa ya rasu. Kafin azahar Raƙumi ya ba Zakara aikin.

Shi ya sa har yau jaki yake gwada ta Gyare ya gwada ta Bijimi, in ya gaji ya tsaya da kunnuwa a miƙe, yana jiran a gaya masa wacce ce daidai.